Lamba ɗaya ce tsakanin illar magani da yunƙurin cutar da kai

A Amurka, idan mace tana shan tamoxifen saboda kansar nono, maganin ya haddasa mata daskarewar jini a ƙafa, lamba asibiti ke tura wa kamfanin inshora. Tun Oktoban 2015 ƙasar ke amfani da tsarin ICD-10-CM, kuma a cikinsa illar magungunan da ke toshe aikin sinadaran homon na mata ko na maza tana da lambar T38.6X5A. Ana fara rubuta lambar ciwon da ya bayyana, sannan wannan ta biyo baya.

Duk maganar tana kan 5 ɗin nan. Ma'anarta likita ya rubuta daidai, mara lafiya ta sha daidai, jikinta ne bai karɓa ba. In aka sa 1 a gurbinta, an ce kuskure aka yi wajen shan maganin. In kuwa 2 ce, fayil ɗinta ya nuna da gangan ta so cutar da kanta, kuma duk likitan da ya buɗe shi daga baya abin da zai gani ke nan.

Don haka manhajar da ta jera waɗannan lambobi ɗaya ƙarƙashin ɗaya a ƙaramin allo, ta bar ma'aikacin da ya gaji ya taɓa, mai rubuta ta ne da laifi in yatsa ya zame. Kamata ya yi ta yi tambaya a fili: an sha maganin yadda likita ya rubuta? Daga amsar sai ta haɗa lambar da kanta. Ko hoto mutum zai goge a waya, sai ta sake tambayarsa. Lamba 2 ta fi cancantar wannan tambayar.