Daƙiƙa Talatin da Mai Farfaɗiya Ke Ɓatawa Wajen Neman Maɓoya

Wani ma'aikacin gwamnati da muke shiga motar safe ɗaya daga Kubwa ya taɓa gaya mini cewa kafin farfaɗiya ta kayar da shi, yakan ji wani abu yana tasowa daga cikinsa zuwa ƙirji, sannan warin ƙonanniyar roba da babu mai jin sa sai shi. Daga nan yana da kamar daƙiƙa talatin. Na tambaye shi me yake yi da su. Ya ce banɗaki yake nufa ya kulle ƙofa, don kada 'yan ofis su gani.

Har yau amsar nan tana damuna. Duk ofis babu wurin da ya fi banɗaki haɗari ga wanda zai faɗi: ga santsin tayil, ga ruwa, ga ƙofa a kulle ta ciki.

Likitoci suna kiran wannan alama "aura", kalmar da suka gada daga tsofaffin likitocin Girka, ma'anarta iska mai kaɗawa a hankali. Abin mamaki, mu ma iska muke cewa, sai dai tamu iskar ta mutanen ɓoye ce, kuma nan gizo ke saƙa. A ilimin likita, wannan alama farfaɗiyar ce da kanta ta soma a wani ɗan yanki na ƙwaƙwalwa, mutum yana cikin hayyacinsa, kafin ta bazu. Yankin da ta soma shi ke tsara abin da za a ji. In ta ɓangaren da ke saitin kunne ne, sai a ji tasowar ciki, ko tsoro babu dalili, ko mutum ya ji kamar ya taɓa rayuwa cikin wannan lokacin. In ta ƙeya ce, sai ya ga walƙiya. Ba kowane mai farfaɗiya ke samun gargaɗin ba, kuma wanda ke samu ya kamata ya bayyana wa likita shi dalla-dalla, domin yana nuna inda matsalar take.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta masu farfaɗiya sun kai kusan miliyan 50, kuma har kashi 70 cikin 100 za su iya rayuwa ba tare da faɗuwa ba in an gano cutar an ba su maganin da ya dace. Ko shakka babu, a benayen Sakatariyar Tarayya akwai su: magatakarda, masinja, mai riƙe wa babba jaka. Shirunsu na tsoro ne, kada a ce ba su cancanci kujerar ba, kada a daina cin abinci da su. Dokar hana wariya ga masu buƙata ta musamman da aka sanya wa hannu a Janairun 2019 ba za ta iya hana abokin aiki ja da baya da kujerarsa ba.

Ba na cewa gargaɗin kariya ne. Direban da farfaɗiyarsa ba ta lafa ba bai kamata ya riƙe sitiyari a titin filin jirgi ba, ko da yana jin alamar, domin wata rana za ta zo babu sallama. A sauya masa aiki, kada a kore shi. Korar ce ke sa na gaba ya ɓoye tasa.

Abin da nake roƙo daga Ofishin Shugaban Ma'aikatan Tarayya bai wuce takardar umarni mai shafi ɗaya ba, wadda za ta isa kowane sashe. A ciki a ce: in abokin aiki ya ce yana jin alamar, a taimaka masa ya kwanta a ƙasa nesa da matakala da kaifin tebur, a sa masa abu mai laushi a ƙarƙashin kai, a juya shi ta gefe. Kada a danne shi, kada a cusa masa cokali a baki, kada a ɗura masa ruwa. Yawunsa ba ya sa wa kowa cutar. A duba agogo. In jijjigar ta wuce minti biyar, a kira 112 ko a garzaya asibiti.

Abokin tafiyar tawa ya ce in da mutum ɗaya a ofishinsu da zai iya ce wa "ta taso", da a gefen teburinsa zai kwanta. Shekararsa tara a wannan ofis.