Laifin Mutum Biyu Ba Ya Kashe Hakkin Ɗaya

Duk wanda ya san unguwar Koki ya san don ƙafa da jaki aka yi hanyoyinta. Yau kuwa ga amalanke, ga babur, ga a-daidaita-sahu, ga motocin da ke kai kaya wajen Kasuwar Kurmi, duka suna kutsawa ta inda a da jakuna biyu kan goga mangala. Saboda haka karo ya yawaita, adalci bayan karo kuwa ya yi ƙaranci.

Ga yadda aka saba. Direba ya yi gudu inda bai kamata ba, ɗan dako ya turo amalanke bai duba ba, ƙafa ta karye. Sai jama'a su taru su ce ai shi ma da laifinsa, ƙaddara ce, a yafe. Direba ya biya kuɗin ɗori ya wuce, ɗan dako ya kwanta wata uku gidansa ba cefane. Wannan hukuncin bakin titi ne, ba shi da asali a littafi.

Duk almajirin da ya karanta Risala ta Ibnu Abi Zaidi ya san mahayin dabba, da mai janta, da mai korarta, su ke lamunin abin da ta taka. Mota kuwa dabbar zamani ce, linzaminta ma ya fi biyayya. A cikin Mudawwana an kawo mas'alar mahaya biyu da suka yi karo suka mutu. Imamu Malik ya ɗora diyyar kowanne cikakkiya bisa dangin wancan, kuɗin doki kuwa cikin dukiyar wanda ya buge shi. Imamu Shafi'i ya ce rabin diyya, domin kowanne yana da hannu cikin abin da ya same shi. Limaman nan biyu sun saɓa a kan gwargwado, amma ba wanda ya bar jini ya zuba a banza.

A shekarar 1993 Majalisar Fiƙihu ta ƙasashen Musulmi ta zauna a Burunai bisa haɗarin mota. Ta tabbatar cewa bin dokokin hanya wajibi ne, kuma idan sababi biyu suka haɗu wajen ɓarna, kowa ya ɗauki gwargwadon tasirinsa. In ba a san gwargwadon ba, a raba daidai. Turawa ma sun daɗe kafin su iso nan. A Ingila, har zuwa 1945, wanda aka samu da ɗan sakaci yakan rasa diyyarsa ƙaf. A shekarar nan aka yi dokar raba laifi, Jihar Arewa ta ɗauke ta a 1957.

Lissafin bai fi ƙarfin ɗan kasuwa ba. In asarar ɗan dako, da magani da kwanakin da bai fita ba, ta kai naira 600,000, aka ga sulusin laifi nasa ne, to, yana bin naira 400,000. Fatake sun san ba a zubar da huhun goro don kwarya ɗaya ta ruɓe.

To, ya kamata masu unguwa da limamai, in an kawo musu sulhu, su fara auna rauni da rabon laifi kafin a ambaci yafiya, domin wanda bai san abin da yake bi ba bai san abin da ya yafe ba. Yafiya alheri ce babba in ta fito daga zuciya, amma wadda aka tatsa da kunyar dattawa ba ta wanke wuyan kowa. In kuwa rai aka rasa, diyya gādo ce, kuma baffa ba shi da ikon yafe rabon maraya.

Attajiran da ke sakin motoci da kekuna a hannun yara su ma su sani, a kuskure dangi ke ɗaukar diyya, yau kuwa dangi sun warwatsu. Su tanadi inshora ta gaskiya ko takaful, ko su kafa asusun taimakon juna, kada talaka ya karye sau biyu.

Allah ya kiyaye hanya, ya ba masu sulhu ikon faɗin gaskiya. Haza wasalam.