A Sassaƙa Lamba A Jikin Kowane Jirgin Ruwa

Doka ba ta yarda mota ta hau titi ba lamba ba. Amma jiragen katako masu ɗaukar mutane da buhunan shinkafa a Kogin Kwara, daga Bahindi da sauran garuruwan Ƙaramar Hukumar Bagudo har Lolo a bakin iyakar Jamhuriyar Benin, galibinsu ba su da wata shaida a jikinsu wadda za ta nuna wanda ya ƙera su ko shekarar da aka ƙera su. Fasinja kan shiga ne bisa yarda da fuskar matuƙi kawai.

Jihar Kebbi ta riga ta ga abin da wannan ke jawowa. Ran 26 ga Mayu, 2021, wani jirgi da ya taso daga Jihar Neja zuwa Wara, cikin Ƙaramar Hukumar Ngaski, ya rabe ya nutse da mutane fiye da 150, kaɗan ne suka tsira. Daga baya jami'ai suka ce jirgin tsoho ne, an kuma yi masa lodin da ya fi ƙarfinsa. To, ai kafin jirgi ya bar gaɓa ya kamata a san tsufansa.

Wasu ƙasashe sun daɗe da warware wannan. A Amurka, tun 1972 tilas ne kowane jirgin shaƙatawa da aka ƙera ya zo da lambar jiki mai haruffa da alƙaluma 12. Ana samunta a allon bayan jirgi, inda ake ɗaura inji, daga sama ta hannun dama in mutum yana duban goshin jirgin. Akan kuma buga kwafinta a wani ɓoyayyen wuri daga ciki, domin ko ɓarawo ya kankare ta waje, ta cikin ta tona masa asiri.

Karanta ta ba wuya. Uku na farko alamar maƙeri ce, biyar na tsakiya lambar jirgin ce shi kaɗai, huɗun ƙarshe kuwa lokaci suke faɗi. Bisa tsarin da ake bi tun 1984, harafin A Janairu ne, B Fabrairu, har zuwa L, watau Disamba. Saboda haka lambar da ta ƙare da C919 tana nufin watan Maris na 2019, samfurin 2019. Ƙasashen Turai sun ƙara haruffa biyu a gaba don nuna ƙasar da aka yi ƙirar, wanda kuwa shi ne ya fi dacewa da kogin da jiragen Nijeriya da na Malanbil a Benin da na Gaya a Nijar ke cuɗanya a cikinsa.

Kada a haɗa wannan da lambar rajista da ake rubutawa da fenti. Fenti yakan goge, ana kuma iya sake shi in jirgi ya sauya hannu. Lambar jiki kuwa tana nan tun daga ranar ƙira har ranar da katakon zai zama itacen girki.

Wani zai ce masassaƙin bakin kogi ba kamfani ba ne. Gaskiya ne, amma ko a Amurka wanda ya ƙera jirginsa a gida hukumar jiharsa ce ke ba shi lamba. Hukumar Kula da Hanyoyin Ruwa ta Ƙasa, watau NIWA, wadda aka kafa a 1997, ita ke da alhakin yi wa jirage rajista. Sai dai rajistar da ke kan takarda kurum, ba ta manne da jikin katako ba, ana iya nuna ta a madadin kowane jirgi.

Lalle ne hukumar ta haɗa kai da Ƙaramar Hukumar Bagudo da sarakunan ruwa, a ba kowane masassaƙi alamarsa, a ƙona lambar da ƙarfe a wuri biyu, a shigar da ita cikin littafi tare da adadin mutanen da jirgin zai iya ɗauka da lambar injinsa. Tsofaffin jirage a duba su, a ba su tasu. Kuma kada a ɗora wa aikin kuɗi mai nauyi, don matuƙin da ya ji ƙamshin haraji zai tsallaka da jirginsa ya ɗaure shi a ɗaya gefen iyaka.