Dala 2,000 a kan mai shayi?

1/ Masu cewa "tunda Nijar ta fice daga ECOWAS, a tilasta wa 'yan Nijar sayen takardar aiki kamar kowane baƙo", ku matso mu yi lissafi.

2/ Katin zama da aiki na baƙi, CERPAC, dala 1,000 ne a da. Ƙarshen 2018 aka mayar da shi 2,000. Duk shekara fa! In dala tana naira 1,500, miliyan uku ke nan. Mai mafi ƙarancin albashi kuwa 840,000 yake samu a shekara.

3/ To, shiga Kasuwar Sabon Gari. Mai shayin bakin ƙofa, ɗan dakon da ke kai maka kaya mota, mai gadin da ke kwana gaban shagonka, da yawansu daga Maraɗi, Damagaram da Tawa suke. Kuɗin dako ne zai biya miliyan uku? Haba!

4/ Ba zai iya biya ba, kuma ba zai tafi ba. Ɓuya zai koma yi, ya zama saniyar tatsar duk wanda ya tare shi.

5/ A Fabrairun 2024 gwamnati ta ɗora wa kamfanoni harajin dala 10,000 zuwa 15,000 kan kowane ma'aikaci baƙo. Suka yi ca, a Maris aka dakatar. Mai shayi wa zai tsaya masa?

6/ ECOWAS ɗin ma, a Janairun 2025, cewa ta yi a bar su su ci gaba da shiga da zama tukuna. Kai da yayanka ke da shago a Yamai, gaggawar me kake yi?