Wasiƙa ga Masu Tono Tsofaffin Hotunan Majigi



Da ku nake, ku da kuke raba dare gaban kwamfuta kuna neman daƙiƙa goma na hawan dabar da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a 1956. Gano hoton yanzu ba wuya, tunda a 2014 kamfanin British Pathé ya zuba finafinai kusan 85,000 a YouTube. Sai dai don kallo aka zuba su. Tambarin da ke manne a kusurwa, da lambobin da ke gudu a ƙasan kwafin gwaji, shaida ce cewa kayan na da mai shi. Duk wanda ya sa edita ya goge su, ranar da wata tasha ta ce ya kawo takardun haƙƙin mallaka zai yi bayani.

Inda na fi so ku tsaya shi ne wajen ciniki. Da daƙiƙa ake lissafi, kuma farashi yana bin ƙasashen da za a nuna fim, da kafar da za a nuna shi, da yawan shekaru. Furodusa zai ce ku karɓi na araha, shekara biyar, talabijin kaɗai, "in Allah Ya kai mu sai a sabunta". Ku ba shi labarin Eyes on the Prize, shirin da Henry Hampton ya fitar a 1987 kan gwagwarmayar baƙaƙen fatar Amurka. Kuɗinsa bai kai ya sayi lasisi na dindindin ba. Wa'adin ya riƙa cika ɗaya bayan ɗaya, shirin ya ɓace daga talabijin sama da shekara goma. Sai da Gidauniyar Ford ta ba da dala 600,000 a 2005, wasu ma suka taimaka, sannan ya dawo a 2006. Cikin abubuwan da suka kawo cikas har da waƙar Happy Birthday da ma'aikatan Martin Luther King suka rera masa, don a lokacin akwai kamfanin da ke karɓar kuɗi a kanta. Wato mai hoto daban, mai waƙar da ke ciki daban, kowa da takardarsa.

Idan aljihu bai kai ba, ni dai gara a rage daƙiƙoƙi da a rage shekaru. In kuma dole ne, ku sa a rubuta farashin sabuntawa tun yau.

Bayanin da ke jikin katalog ma kada ku haɗiye shi haka nan. Baturen da ya rubuta "wani sarki bisa doki" bai damu da sunansa ba. Ku kai hoton wurin dattawan fada, daga naɗin rawani da kayan doki sukan gane masarautar. Kowane guntu ku rubuta masa lambarsa, da inda ya fito, da ranar ƙarewar lasisinsa, ku bar wa kamfani kwafi kafin ku tashi.

Wassalam,
Ɗan'uwanku a sana'a.