MU SAN MUTANEN ƘASARMU: Jibo Bakari, magajin garin Yamai na farko

Manoma da makiyaya, ga labarin wannan wata. Labarin mutum ne da ya hau kujera da ƙuri'ar talakawa, ya sauka cikin shekara 2, amma ba a manta sunansa ba.

An haifi Jibo Bakari a 1922 a Sudure, kusa da Yamai. Shi da Jori Hamani dangi ne, garinsu ɗaya. Ya yi karatu a babbar lakwal ta William Ponty a ƙasar Sanigal, ya fito mushen lakwal. Ya karantar da yara a Birnin Ƙonni da Agadas. Can ya ga wahalar talaka da idonsa: ga lanho, ga aikin dole, ga zaluncin masu iko.

Sai ya bar alli ya shiga siyasa. Da fari yana cikin jam'iyyar PPN-RDA tare da Jori. Daga baya suka ɓata. Jibo ya shiga haɗa kan ma'aikata da leburori. A 1954 ya kafa tasa jam'iyya, UDN. Ita ce aka sani daga baya da sunan Sawaba. Alamarta raƙumi, alamar RDA kuwa giwa.

A 1956 aka yi zaɓen majalisar birnin Yamai. Mutanen gari suka zaɓi kwanseye, su kuma kwanseye suka zaɓi magajin gari daga cikinsu. Jibo ya haɗa kai da jam'iyyar BNA, ya samu rinjaye. Shi ne magajin gari na farko da aka zaɓa a Yamai. Kafin nan Bature ke riƙe da birnin. Aikin majalisar gari shi ne lura da kasuwa, da hanyoyi, da tsabta, da kuɗin da gari ke tarawa.

A watan Maris na 1957 aka yi zaɓen majalisar ƙasa. Kujeru 60 ne. Sawaba ta ci 41, RDA ta ci 19. Jibo ya shiga majalisa, kuma ya zama jagoran gwamnatin ƴan ƙasa ta farko. Amma gwamna Bature na bisa kansa. Gwamnatinsa ta tuɓe waɗansu sarakuna, abin ya ɓata ran sauran.

A 1958 Janar Dagol na Faransa ya kawo tambaya: ku zauna tare da Faransa, ko ku karɓi ƴanci nan take? Jibo ya ce a jefa «a'a», a karɓi ƴanci. Jori ya ce a jefa «i». Faransa ta aiko sabon gwamna, Colombani, ya sa ƙarfin mulki bayan «i». Sarakuna da yawa suka juya wa Jibo baya. Ran 28 ga Satumba aka jefa ƙuri'a. Cikin mutum 10 da aka rubuta, ko 4 ba su fito ba. Cikin ƙuri'a 100, wajen 78 suka ce «i». Gini kaɗai ta ce «a'a». A watan Oktoba Jibo ya sauka.

A 1959 aka hana Sawaba. Jibo ya yi gudun hijira, ya zauna Mali da Gana da Gini. A 1964 mutanensa suka shigo da bindigogi don su kada gwamnati. Ba su ci nasara ba. An kashe waɗansu, an ɗaure da yawa. Iyalai sun yi kuka ta kowane ɓangare.

Bayan sojoji sun karɓi mulki a 1974, ya komo gida. A 1975 gwamnatin Seyni Kunce ta kama shi, ya yi shekaru a tsare. Da aka buɗe siyasa, ya tsaya takarar shugaban ƙasa a 1993, ya samu ƙuri'a kaɗan. Ya rasu a Yamai ran 16 ga Afrilu 1998.

Waɗansu na cewa Jibo ya yi gaggawa. Waɗansu na cewa shi ya riga kowa ganin hanya, tun da ƴancin ya zo ran 3 ga Agusta 1960. A cibiyar yaƙi da jahilci, ku tambayi tsofaffin garinku: ran zaɓen 1958, sun fito ko sun zauna gida? Wa ya gaya musu abin da za su jefa? Wanda ya iya karatu, shi zai duba takardarsa da kansa.

Sai wata mai zuwa, in Allah ya kai mu.