Hoto Ba Ya Ƙarya, Amma Mai Almakashi Fa?

Jama'a, masu iya magana sun ce gani ya kori ji. To, amma a sha'anin fim ɗin tarihi, ganin ma yana bukatar bincike.

Yadda ake shirya irin wannan fim shi ne a kwaso tsofaffin hotunan shugabanni daga taska, a yanka, a jera, sa'an nan a ɗora murya da kiɗa a kai. Wata 'yar Rasha, Esfir Shub, tana cikin waɗanda suka fara wannan aiki. A 1927 ta tattara hotunan da aka ɗauka a fadar Sarki Nikolas na Biyu don girmama shi, ta jera su daf da na talakawa masu shan wuya a gona. Hotunan ba su sake ba, amma yabo ya koma zargi.

Mu dawo gida. Hotunan hawan dabar da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956, da na bikin 'yancin kai ran 1 ga Oktoba 1960, da na ziyarar Sa Abubakar Tafawa Ɓalewa wurin Shugaba Kennedy a Amurka a 1961, duk suna yawo cikin finafinai. Sai dai da yawa daga cikinsu baƙi ne suka ɗauka, domin bukatar kansu. Sashen majigi da Turawan mulki suka kafa a 1939, don farfagandar yaƙi aka kafa shi. Abin da bai gamshe su ba, ba su ɗauka ba, mu kuwa ba za mu taɓa ganinsa ba.

Bayan haka ga batun mallaka. A 2014 kamfanin British Pathé ya zuba finafinai wajen 85,000 a YouTube, kowa ya kalla kyauta, amma ɗan Nijeriyar da ke son sa hoton Firayim Ministansa cikin fim sai ya biya.

Saboda haka muna roƙon Hukumar Finafinai ta Ƙasa da ke Jos ta ƙara himma wajen nemo waɗannan hotuna da adana su. Kai kuma mai kallo, in ka ga Sardauna yana murmushi a fim, tambayi wanda ya ɗauka, da ranar, da abin da aka yanke kafin murmushin. Sai wani makon.